Shekara 28 Ana Shari'a Kan Fili Ɗaya

Ranar 24 ga Oktoba, 1977, aka sa hannu a wata takardar haya a birnin Legas. Fili ne a layin Sabiu Ajose da ke unguwar Surulere, mallakar wani mutum daga iyalin Desbordes, wanda ya karɓi hayar kuma kamfani ne mai suna Pillars Nigeria Limited. A lokacin Legas ce babban birnin ƙasa, Janar Olusegun Obasanjo ne shugaban mulkin soja, naira kuma ta fi dalar Amurka daraja. Babu wanda zai ce wannan takarda za ta kai har zamanin da ake tura kuɗi ta waya ana jayayya a kanta, amma ta kai.

Sharuɗɗan ba su da wuyar fahimta. Kamfanin zai riƙe filin shekara 26, yana biyan kuɗin haya tun farkon kowace shekara, sannan zai yi gini a wurin cikin shekara biyu, wato kafin 1979 ta fita. Irin wannan haya sananniya ce a manyan birane: mai fili ba shi da kuɗin gini, mai kuɗi ba shi da fili, sai su haɗu, wannan ya gina ya ci moriya na wasu shekaru, idan wa'adi ya cika fili da gini su koma hannun mai su. Saboda haka ginin shi ne ran cinikin. Kuɗin da ake biya duk shekara ɗan abin riƙe zumunci ne kawai idan aka kwatanta da abin da mai fili yake hange a ƙarshe.

Shekarar 1979 ta zo, soja suka miƙa mulki ga Alhaji Shehu Shagari, shekara ta ƙare, sharaɗin gini bai cika ba. Kamfanin kuma bai saki filin ba. Aka yi ta tafiya a haka, har aka ɗauke babban birnin ƙasa daga Legas zuwa Abuja a ƙarshen 1991. Mai filin ya riga mu gidan gaskiya, maganar ta faɗa wuyan magadansa. Ranar 13 ga Mayu, 1993, saura wata guda a yi zaɓen 12 ga Yuni, aka fitar da sammaci daga Babbar Kotun Jihar Legas. Buƙatar iyalan guda ce: kamfani ya saɓa alkawari, a karɓo musu filinsu.

Mai karatu zai ce ai wannan shari'ar yini ɗaya ce. Ga takarda, ga sa hannu, ga wa'adi a rubuce, ga fili kowa na gani. Amma Hausawa sun ce shari'a saɓanin hankali. Sai a shekarar 2000 Babbar Kotu ta yanke hukunci, ta ce lallai kamfanin ya karya sharaɗi, ta ba iyalan gaskiya. Shekara bakwai ke nan a kotun farko.

Yana da kyau a san yadda alƙali yake kai wa ga irin wannan hukunci, domin hanyar ɗaya ce ko a Legas ko a Kiru ta kudancin Kano. Tun 1978 Kotun Ƙoli ta shimfiɗa ta a shari'ar Mogaji da Odofin, ta bakin Mai Shari'a Atanda Fatayi-Williams. Ta ce alƙali ya ƙaddara sikeli a zuciyarsa, ya zuba hujjojin mai ƙara a gefe guda, na wanda ake ƙara a ɗaya gefen, ya ga inda ya rinjaya. Kuma ba yawan shaidu ake aunawa ba, nauyin abin da suka faɗa ake dubawa. Duk wanda ya taɓa kai masara ko shinkafa gaban mai sikeli ya san cewa buhu uku na ƙaiƙayi ba su kai buhu ɗaya na tsaba ba. Kafin hujja ta hau sikelin ma sai alƙali ya tambayi kansa: doka ta yarda a karɓe ta? Ta shafi abin da ake jayayya a kai? Abar gaskatawa ce? Ta fi ta ɗaya ɓangaren kama da gaskiya? A shari'ar Surulere, gefen iyalan yana ɗauke da rubutacciyar yarjejeniya mai kwanan wata da wa'adi, abin da ba ya mantuwa kuma ba ya sauya magana idan lauya ya matsa masa da tambaya.

Kamfanin bai haƙura ba, ya ɗaukaka ƙara. Ana cikin jiran Kotun Ɗaukaka Ƙara sai wani abin mamaki ya faru: a 2003 shekara 26 ɗin da aka yi yarjejeniya a kansu suka cika. Wato ko da a ce kamfanin ne mai gaskiya tun farko, wa'adin hayarsa ya ƙare da kansa. Duk da haka shari'a ta ci gaba, fili kuma bai koma hannun masu shi ba. A 2009 Kotun Ɗaukaka Ƙara reshen Legas ta kori ƙarar kamfanin, ta tabbatar da hukuncin Babbar Kotu. Kamfanin ya sake tattara takardunsa ya nufi Kotun Ƙoli a Abuja, aka ba ƙarar lamba a 2010, ta shiga layi.

Me kamfanin yake riƙe da shi har ya yi wannan doguwar tafiya? Manyan igiyoyinsa biyu ne. Ta farko maganar notis: cewa ba a bi ƙa'ida ba wajen sanar da shi kafin a nemi karɓe filin. Ta biyu maganar kuɗin haya: cewa tunda masu fili sun karɓi kuɗi daga hannunsa bayan saɓa alkawarin, to sun yafe ke nan, ba su da bakin cewa ya tashi. Duk wanda ya taɓa zaman kotu a kan rigimar haya ya san waɗannan igiyoyi biyu, domin su ne abin da lauyan ɗan haya yake fara laluba idan ya ga gaskiya ba ta gefensa.

Ranar 5 ga Fabrairu, 2021, Kotun Ƙoli ta yanke hukunci. Mai Shari'a Emmanuel Agim ne ya rubuta babban hukuncin, wata uku kacal bayan rantsar da shi a wannan kotu. Aka kori ƙarar kamfanin. Daɗaɗɗiyar ƙa'idar kotun ce cewa idan kotuna biyu na ƙasa sun haɗu a kan abin da ya faru, ba ta sake buɗe maganar sai an nuna mata cewa sun kauce wa hujja ƙarara, domin alƙalin farko shi ya ga shaidu ido da ido, ya ji muryarsu, ya ga inda suka yi in-ina. A kan maganar kuɗi kuma kotun ta ce karɓar haya daga mutumin da har yanzu yake zaune a wurinka ba yafiya ba ce. Notis yana nan daram har sai mai wuri ya janye shi da kansa, ko an ƙulla sabuwar yarjejeniya.

Amma abin da ya sa shari'ar ta yi suna a faɗin ƙasar nan shi ne bayanin Mai Shari'a Helen Ogunwumiju, wadda aka rantsar rana ɗaya da Agim. Ba ta ɓoye ɓacin ranta ba. Ta ce kamfanin ya riƙe dukiyar mutane alhali ya saɓa alkawari tun ranar farko, sannan ya yi ta hawa kotuna da ƙararraki marasa tushe don kawai ya hana hukuncin da aka yanke shekara ashirin baya aiki. Ta ce ko da notis ɗin farko yana da tangarɗa, sammacin da aka kai wa kamfanin a 1993 ya isa sanarwa. A ganinta, babu al'umma mai adalci da za ta yarda ɗan haya ya fake da kuskuren notis ya dawwama a gidan da mai shi ya sha wahala ya gina, kuma da shi yake ci. Ta ƙara da cewa ba tana nufin a daina ba da notis ba ne, sai dai da zarar an shigar da ƙara an kai sammaci, a fara ƙirga wa'adin daga ranar, wasan kwaikwayon da ake yi a kan notis ya ƙare.

Masu gidaje da shaguna suka yi ta murna da wannan magana. Lauyoyi da yawa kuwa suka ja hankali cewa ƙarin bayani ne ta yi, ba shi ne ginshiƙin hukuncin ba, kuma dokokin jihohi a kan notis suna nan ba a soke su ba. Har yanzu ana wannan muhawara.

Daga ranar sammaci zuwa ranar hukuncin ƙarshe, shekara 28 ne ba 'yan watanni. A tsakanin nan mutum takwas suka shugabanci Najeriya: Babangida, Shonekan, Abacha, Abdulsalami, Obasanjo, 'Yar'aduwa, Jonathan da Buhari. Yaron da aka haifa ranar da aka kai sammacin ya isa ya zama lauya ya tsaya a shari'ar. Nairar da ta fi dala a 1977, a farkon 2021 sai ka tara kusan 380 kafin gwamnati ta ba ka dala ɗaya. Iyalan sun yi nasara, amma shekarun da suka wuce babu kotun da za ta mayar musu.

To, wannan labarin Legas ne, inda aka yi komai a rubuce, da lauyoyi da hatimi. A kudancin Kano fa? Duk wanda ya bi ta Kwanar Ɗangora, inda hanyar Tudun Wada da Doguwa ta rabu da titin Kano zuwa Zariya, ya ga jerin shaguna da rumfuna da ɗakunan ajiyar hatsi. Haka abin yake a cikin garin Kiru da Bebeji. Galibin hayar irin waɗannan wurare da baki ake ƙulla ta. Mai shago da ɗan haya sun san juna, wataƙila sahu ɗaya suke sallah, wataƙila akwai auratayya. Neman rasit a wurin dattijon da ya girme ka sai ya zama kamar ka ce ba ka yarda da shi ba. Ana tafiya lafiya shekara da shekaru, sai ranar da kasuwa ta karye, ko mai shago ya rasu magada suka zo da nasu lissafi, sannan a gane cewa babu abin ɗorawa a sikeli.

A ƙaddara mai shago ya kai ƙara gaban majistare yana cewa yana bin hayar shekara biyu. Dokar Shaida ta 2011, sashe na 131, ta ce wanda ya yi da'awa shi zai kawo hujja. Don haka nauyin farko a kansa yake: ya nuna akwai haya tsakaninsu, nawa aka yanka, yaushe ake biya, daga wane wata bashin ya fara. Ba a neman ya kawar da kowane kokwanto kamar a shari'ar laifi. Sashe na 134 ya ce a shari'ar haƙƙi rinjaye ya wadatar, ko da kaɗan ne. Idan alƙali ya auna ya ga gefe biyu sun yi daidai, mai ƙara ne ya faɗi, domin shi ya zo neman a karɓar masa.

Sai dai kalma ɗaya daga bakin ɗan haya tana iya juya lamarin gaba ɗaya. Da zarar ya ce "na biya", ya amsa cewa akwai haya kuma akwai kuɗi a kansa, saura ya nuna ya sauke. Nauyi ya dawo wuyansa. A nan ne rasit yake magana. Idan babu rasit, sai a nemi wanda aka ƙirga kuɗin a gabansa, ko dillalin da ya karɓa, ko littafin da mai shago yake rubuta shiga da fita. Alƙali yana kuma duba ɗabi'ar mutane: idan shekara biyar a jere ana ba ka rasit, me ya sa na bana kaɗai ya ɓata? Idan ka biya, me ya sa da aka aiko maka takardar neman bashi ka yi shiru, ko ka aika a ba da haƙuri?

Yanzu da yawa ta waya suke biya, ko ta hannun masu POS, suna ganin alat ya gama magana. Alat hujja ce, amma tana da ƙa'ida. Sashe na 84 na dokar ya ce duk abin da ya fito daga kwamfuta ko waya sai an bayyana na'urar da ta fitar da shi da yadda aka fitar, da baki a gaban kotu ko da takardar tabbatarwa mai sa hannu. A shari'ar zaɓen gwamnan Bayelsa tsakanin Kubor da Dickson, Kotun Ƙoli ta yi watsi da takardun da aka ciro daga intanet saboda ba a cika wannan sharaɗi ba. Bayan haka ma akwai tambaya ta biyu: kuɗin da aka tura na mene ne? Idan mutum biyu suna cinikin taki ko hatsi a tsakaninsu ban da haya, mai shago yana iya cewa wannan kuɗin taki ne. Kalma biyu da mai turawa zai rubuta a wurin bayani, "hayar 2024", sun fi shaidu uku amfani. Wanda kuma ya tura ta hannun mai POS ya sani cewa sunan da zai fito a banki ba lallai ya zama nasa ba, don haka ya adana 'yar takardar da na'urar ta fitar, ya ɗauki hotonta kafin tawadar ta goge.

Wata rigimar da ba ta ƙarewa ita ce ta gyara. Ɗan haya ya ce ai na sauya kwano, na sa ƙofar ƙarfe, na yi daɓe, kuma mun yi da kai za a cire a kuɗin haya. Mai shago ya ce ban sa ka ba. Wannan ma da'awa ce, mai yin ta shi zai tabbatar. Idan kuwa akwai rubutacciyar yarjejeniya, sashe na 128 ya hana a zo da maganar baki a sauya abin da takarda ta faɗa, sai a wasu 'yan wurare da doka ta keɓe, kamar zamba ko sabuwar yarjejeniya da aka ƙulla daga baya.

Idan maganar bashin ta je gaban alƙalin kotun Musulunci, ma'aunin fiƙihun Malikiyya ne, irin wanda ke cikin Risala da Mukhtasar na Khalil da Tuhfatul Hukkam ta Ibn Asim, malamin Andalus da ya rasu a 1426. Aikin alƙali na farko shi ne ya gane wane ne mudda'i, wane ne mudda'a alaihi, domin ba lallai wanda ya kawo ƙara ya zama mudda'i a kowace gaɓa ba. Mai da'awa shi ke kawo shaidu, mai musu kuma rantsuwa ce a kansa. A maganar dukiya ana karɓar maza biyu adilai, ko namiji ɗaya da mata biyu, ko shaida ɗaya tare da rantsuwar mai da'awa. Ɗa ba ya yi wa ubansa shaida, uba ba ya yi wa ɗansa, ba a kuma karɓar shaidar maƙiyi a kan wanda yake gaba da shi. Wannan yakan kayar da mutane da yawa, domin sau tari yaron da ke zaune a shago lokacin da aka miƙa kuɗin ɗan wanda ya kama hayar ne. A nan ma wanda ya ce ya biya shi ya zama mudda'i. Idan ya rasa shaidu, mai shago ya rantse bai karɓa ba, a ba shi kuɗinsa. Idan ya noƙe ya ƙi rantsuwa, sai ta koma kan ɗan haya. Kafin hukunci kuma dole a yi i'izari, wato alƙali ya tambayi wanda hukunci zai hau kansa ko yana da sauran magana ko suka ga shaidu, kuma kotunan sama sun sha rushe hukunci saboda an tsallake wannan mataki. Abin lura shi ne ayar da ta fi kowace tsawo a Alƙur'ani, ta 282 a Suratul Baƙara, a kan rubuta bashi da kafa shaidu ta sauka. Wanda ya nemi a rubuta bai zargi kowa ba, umarni ya bi.

Saura jan kunne ga mai shago da haƙurinsa ya ƙare. Garƙame shago da kwaɗo, cire ƙofa, yaye kwano ko watso kayan ɗan haya waje, duk suna mayar da mai gaskiya mai laifi, har ya wayi gari shi ake bi diyya. Ko gwamnati ba a ƙyale ta ba: a 1986 Kotun Ƙoli ta yi tir da gwamnatin sojan Legas saboda ta fitar da Odumegwu Ojukwu daga gida a Ikoyi da ƙarfin bindiga alhali magana tana gaban kotu. Hanyar da dokokin jihohi suka saba shimfiɗawa, idan yarjejeniya ba ta faɗi wani wa'adi ba, ita ce notis na mako ga mai biyan mako, na wata ga mai biyan wata, na wata shida ga mai biyan shekara, sannan notis na kwana bakwai cewa za a garzaya kotu. Duk da maganar Mai Shari'a Ogunwumiju, mai hankali ya ba da notis ɗinsa daidai, ya ajiye kwafi, ya san wanda ya kai da ranar da aka kai. Idan kuɗin kawai yake nema, tun 2019 Jihar Kano ta buɗe kotunan ƙananan basussuka, bayan Legas ta fara a 2018, da nufin a gama shari'a cikin kwana 60 ba tare da dole sai an ɗauki lauya ba.

Iyalan Desbordes suna da takarda mai kwanan wata da sa hannu, kotuna uku suka ba su gaskiya a jere, amma sai da suka yi jiran kusan shekara 28. Wanda ba shi da ko guntuwar takarda ya yi wa kansa lissafi. Don haka ɗan'uwa mai shago da ɗan'uwa ɗan haya, a Kiru kuke ko Bebeji, Tudun Wada ko Doguwa: ku rubuta yarjejeniyarku ko da a takardar littafin makaranta ce, da Hausa ko da ajami, ku sa kuɗi da wa'adi da wanda gyara ke kansa. Ku kira shaidu biyu da ba 'ya'yanku ba. Kowane biya a ba da rasit. Idan saɓani ya taso, ku fara da shugabannin kasuwa da mai unguwa da dagaci, abin da aka sasanta a kai shi ma a rubuta, kowa ya sa hannu ya riƙe kwafinsa.